Aron Baki

A bene na uku a Yaba nake aiki,
ɗaki mai sanyi, ba taga, ba agogo.
Gwangwanayen fim a jere har rufi,
in an buɗe su sai warin tsami ya tashi.
Da farar safar hannu nake warware su,
in share ƙura, in liƙe inda ya tsinke,
in ɗauki hoton hoto, ɗaya bayan ɗaya.

Ran Laraba na ci karo da ita:
'yar Faransa, ta fi shekara ɗari a naɗe,
ba suna a jikin gwangwanin, sai lamba.
Minti shida ne duk rayuwarta.
An miƙa mata tsintsiya, ta jingine.
An ɗora mata tulin faranti, ta sake su ƙasa,
ta dubi mai kallo, ta kashe ido ɗaya.
Ta zura wandon yayanta, ta haye keke,
'yan sanda uku na bin ta a guje,
da mai burodi, da wata mai laima, da kare.
Bakinta na motsi, motsi, motsi,
ko tari ba ya fitowa.

Na kwafe ta a waya, na tafi da ita gida.
Danfo zuwa Oshodi, wani zuwa Agege,
kwandasta na ihu, direba na ashar,
ita tana cikin jakata, tsit.

Na tarar da Kaka Tabawa tana ware goro,
fari nan, ja can, mai tsutsa gefe.
An ɗauke wuta, janareton maƙwabta na tari.
"Majigi ne?" ta ce. "To, ƙaro murya."
Na ce ai babu, haka aka yi shi, bebe.
Ta ce, "Bebe da wannan bakin? Kawo nan."

Ta gyara tabarau, ta shiga ara mata baki:
"Farantinku ne, ku wanke abinku!
Kauce, mai burodi, ba ni da birki!"
Da Hausa, da Yarbancin kasuwa,
da wani zagin da ban san ta iya ba.
Yara suka cika ƙofa.
Maman Bose ta leƙo da ludayi a hannu
har miyarta ta kama.
Sau huɗu muka maimaita.

A na biyar Kaka ta yi shiru.
Sai da keken ya sha kwana ta ce:
"Na taɓa hawa.
Na mai kai wasiƙa ne,
ya jingine shi bakin tashar jirgi.
Ina 'yar sha uku, na sauke tiren goro.
Tun daga tasha har gindin mangwaro
ban faɗi ba, Suwaiba, ban faɗi ba.
Iska ta tsige mini kallabi.
Dukan da na sha ya warke kafin Juma'a.
Iskar ce dai."
Ta shafi bayan kunnenta, ta koma kan goro.

Shekara sittin, ko uwata ba ta ji ba.

Ƙarshen fim ɗin ya ruɓe tun kafin a haife mu.
Keken na gangarawa, sai tabo, sai fari fat.
Na ce ba a san yadda ta ƙare ba.
"Ba su kama ta ba," in ji Kaka,
ba ta ko ɗago kai ba.
"Dubi tumbin na gaban."

Da safe na koma Yaba, ruwa na tsuga,
na zauna gaban takardar bayani.
Ƙasa: Faransa. Tsawo: minti shida.
Sunan 'yar wasa: ba a sani ba.
Sauti:
a nan akan rubuta babu.
Bironi na tsaye a kan layin
har shayina ya huce.